Sir John Charnley, Likitan da Ya Ƙera wa Mutane Sabon Kwatangwalo

Daga Wakilinmu na Arewa

A filinmu na tarihin mashahuran mutane, wannan makon mun kawo muku labarin wani likitan fiɗa ne na ƙasar Ingila, Sir John Charnley, wanda ya mutu cikin 1982. Watakila da yawa daga cikin masu karatu ba su taɓa jin sunansa ba. Amma duk wanda ciwon kwatangwalo ya kwantar, aka kai shi Igbobi ta Ikko, ko Dala ta Kano, ko kuwa danginsa suka yi karo-karo suka fitar da shi Indiya ko Misira, aka cire masa ruɓaɓɓiyar gaɓa aka sa ta ƙarfe da roba, ya tashi ya taka ƙasa ba ciwo, to, wannan Bature yana da hannu a cikin tafiyar tasa.

Ba za a gane girman aikinsa ba sai an san yadda gaɓar take, don haka bari mu fara da ita. Gaɓoɓin jikin mutum iri-iri ne. Gwiwar ƙafa da ta hannu kamar ƙyaure suke, buɗewa da rufewa ne yawancin aikinsu. Amma kafaɗa da kwatangwalo dabam suke. A wurinsu kan ƙashi ɗaya ya dunƙule kamar ƙwallo, ya shige cikin wani ƙoƙo da ke jikin ɗaya ƙashin, shi ya sa hannu da ƙafa ke iya zuwa gaba da baya, su buɗe gefe, su kuma juya. Ƙoƙon kafaɗa ba shi da zurfi, kamar faifai yake, nama da jijiyoyi ne ke riƙe da ƙwallon, saboda haka hannu ya fi sakewa, kuma saboda haka ne kafaɗa ta fi kowace babbar gaɓa yawan gocewa. Ƙoƙon kwatangwalo kuwa mai zurfi ne, ya rungume fiye da rabin ƙwallon ƙashin cinya, wanda girmansa a jikin baligi ya kai na ƙaramin lemo. Ƙwallon da ƙoƙon duka an lulluɓe su da guringuntsi, watau farin abin nan mai sulɓi da kowane mahauci ya sani a kan ƙashin cinyar sa, a tsakaninsu kuma akwai ɗan ruwa mai yauƙi kamar farin ƙwai.

Nauyin da wannan gaɓa ke ɗauka ya wuce yadda ake zato. Duk lokacin da mutum ya ɗaga ƙafa ɗaya zai yi taku, sai naman gefen ƙugu ya ja da ƙarfi don kada jiki ya karkace, wannan ja kuwa kan ƙwallon yake sauka tare da nauyin jikin. In an haɗa, abin yakan kai kamar ninki uku na nauyin mutum. Mai kilo 70 ke nan ƙwallon nan na ɗaukar wajen kilo 200 a kowane taku, balle ɗan dakon da ya aza buhu a ka. Guringuntsi ba shi da jijiyar jin zafi, shi ya sa ba mu jin komai. Amma kuma ba shi da hanyar jini, don haka in ya cinye ba ya komawa yadda yake. Ran da ya ƙare, ƙashi ya fara gugar ƙashi, ranar ce barci ke ƙaura, mutum ya kasa tsugunawa, ya kasa sa wa kansa takalmi. Wannan shi ne ciwon da Charnley ya ƙare rayuwarsa a kai.

An haife shi ran 29 ga Agusta, 1911, a garin Bury kusa da Mancesta, yankin masaƙu na arewacin Ingila. Ubansa yana da kantin sayar da magani, uwarsa kuwa nas ce. Da fari aikin likitan haƙori ya nufa, shugaban makarantarsu ne ya ba shi shawara ya karanta likitanci gaba ɗaya. Ya shiga Jami'ar Mancesta cikin 1929, ya fita cikin 1935, shekara guda bayan nan kuma ya ci babbar jarrabawar likitocin fiɗa na Ingila yana da shekara 25 kacal.

Sai Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke. Ya shiga rundunar likitocin soja cikin 1940, yana Dover lokacin da ake kwaso sojojin Ingila daga Dunkirk. Daga baya aka tura shi Alkahira, inda aka ɗora shi kan wata ma'aikata mai ƙera ƙarafan tallafa wa ƙafa domin sojojin da suka ji rauni. A nan ya zauna da makanikai, ya koyi tunani irin nasu, ya kuma saba da injin sassaƙa ƙarfe. Wannan zama na Misira, a ganina, shi ne mafarin kome, domin daga nan har ya mutu, in ya dubi gaɓar mutum yakan yi mata tambayoyin da makaniki ke yi wa inji: nawa take ɗauka, ina take gugawa, me ke cinye ta.

Da ya komo gida ya yi wata shida a asibitin ƙashi na Oswestry cikin 1946. A can ne ya nuna wani hali da za mu sake gamuwa da shi nan gaba. Yana so ya san yadda dashen ƙashi ke kamawa, sai ya sa wani abokin aikinsa ya yi masa gwajin a ƙwaurin ƙafarsa. Wurin ya ruɓe, cutar ta shiga ƙashi, sai da ya sha jinya. Daga nan ya koma Mancesta ƙarƙashin Sir Harry Platt. Cikin 1950 ya fitar da littafi kan yadda ake gyara karaya ba tare da an yanka mutum ba, littafin da likitocin ƙashi suka daɗe suna koyi da shi. Ko da nan ya tsaya, da ya bar suna.

To, a wancan zamani me ake yi wa wanda kwatangwalonsa ya lalace? Hanya ɗaya ita ce a kankare gaɓar a haɗe ƙashin cinya da na ƙugu su zama abu guda. Ciwo yakan tafi, amma ƙafar ta sandare har abada, zama a kujera ya zama aiki, baya da gwiwa su ɗauki wahalar, in kuwa ɓangare biyu ne suka lalace, to, babu dama. Charnley kansa gwanin wannan aiki ne, har ya rubuta littafi a kansa cikin 1953. Hanya ta biyu, a yanke ƙwallon a yar, a bar mutum da gajeriyar ƙafa marar ƙarfi, yana ɗingishi da sanda. Masu neman hanya ta uku, watau gaɓar da aka ƙera, sun daɗe suna faɗi-tashi. Wani Bajamushe mai suna Gluck ya gwada gaɓoɓi na hauren giwa tun 1890. Smith-Petersen na Amurka ya gwada kifa ƙoƙon gilashi a kan ƙwallon, gilashin ya riƙa fashewa, ya koma na ƙarfe cikin 1938. A shekarar nan kuma Philip Wiles ya sa gaɓar ƙarfe gaba ɗaya a Landan. Bayan yaƙi wasu 'yan'uwa biyu a Faransa, su Judet, suka fito da ƙwallon roba mai tauri wanda ya yi tashe ƙwarai. Duk waɗannan sukan ba da sauƙi na ɗan lokaci, sa'an nan su kwance, ko su karye, ko su cinye ƙashin da ke kewaye da su.

Ɗaya daga cikin irin ƙwallon nan na Faransa ne ya buɗe wa Charnley ido. Wani majiyyaci ya zo masa da kukan cewa kwatangwalonsa na ƙara duk sa'ad da ya motsa, ƙarar da har ta hana matarsa sakewa kusa da shi. Wani likitan da ya yi dariya ya sallame shi. Charnley ya tsaya ya yi tunani. Abin da ke ƙara, gugawa yake yi da ƙarfi. Abin da ke gugawa da ƙarfi kuwa, kowane taku yana murɗa gindinsa, yau da gobe sai ya kwance daga jikin ƙashi. Ashe ba ƙarfin ƙwallo kaɗai ake nema ba, sulɓi ake nema.

Sai ya shiga auna sulɓin gaɓar mutum. Ya haɗa wani abin lilo irin na agogon bango, ya rataya shi a kan gaɓoɓin da aka yanke wa majiyyata, ya ƙidaya yadda lilon ke daɗewa kafin ya tsaya. Ya tarar gaɓa mai lafiya ta fi ƙarfe a kan ƙanƙara sulɓi. Malaman lokacin sun ɗauka ruwan gaɓa ne ke raba ƙasusuwan biyu, kamar yadda baƙin mai ke yi a cikin inji mai gudu. Charnley ya ga wannan ba zai yiwu ba ga gaɓar da ke tafiya a hankali, tana tsayawa, ga kuma nauyi a kanta. A ganinsa sulɓin daga jikin guringuntsin yake. Masana na yau sun nuna duka biyun suna aiki tare, amma darasin da ya ɗauka daidai ne: ruwan jiki ba zai sa gaɓar ƙarfe ta yi sulɓi ba, dole abin da za a ƙera ta da shi ya zama mai sulɓi da kansa.

Cikin 1958 ya yanke shawarar da abokansa suka yi mamaki. Ya fara janye jiki daga babban asibitin Mancesta, ya mai da hankalinsa kan wani asibitin ƙauye da ake kira Wrightington, kusa da Wigan. Asali na masu tarin fuka ne, da magungunan tarin suka fito sai gadaje suka zama babu kowa. Nan ya kafa cibiyar da ba ta da wani aiki sai kwatangwalo, da ɗakin gwaje-gwaje da aka buɗe cikin 1961. Shekara guda kafin wannan shawara ya auri Jill Heaver, wadda ya gamu da ita wurin wasan sulu a kan dusar ƙanƙara a ƙasar Ostiriya, suka haifi ɗa da 'ya. A gidansu akwai ɗakin da ya girke injin sassaƙa, a nan ya riƙa ƙera wasu daga cikin ƙoƙunan farko da hannunsa.

Matsala uku ya sa a gaba. Ta fari, yadda za a kafa sandar ƙarfen da ke ɗauke da ƙwallon a cikin ramin ɓargon ƙashin cinya. Nan sai aikin haƙorin da ya bari ya komo masa ta bayan gida. Wani masanin haɗa sinadarai a makarantar likitocin haƙori ta Mancesta, Dennis Smith, ya nuna masa irin robar da ake yin haƙoran roba da ita, wadda ake kwaɓawa kamar ƙullu ta daskare cikin 'yan mintoci. Wasu sun riga shi gwada ta, amma kaɗan-kaɗan suke shafawa kamar gam. Shi kuwa ɗura ta ya yi da yawa, ya cika ramin, ya tura sandar a ciki, watau irin yadda magini ke cika ramin ginshiƙi da kankare. Ta haka nauyi ke bazuwa ko'ina a jikin ƙashin maimakon ya taru wuri guda. Har yau simintin ƙashi ake ce mata.

Ta biyu, girman ƙwallon. Kowa ya ɗauka dole ne ya yi daidai da na halitta. Charnley ya yi ta rage shi har ya tsaya a kan milimita 22 da 'yan kai, kusan rabin na mutum. Dalilinsa shi ne, ƙaramin ƙwallo in yana juyawa ba ya murɗa ƙoƙon da ƙarfi kamar babba, don haka ƙoƙon ba zai yi saurin kwancewa ba, ga shi kuma an sami wurin yin ƙoƙo mai kauri.

Ta uku ita ce ta kusa kashe shi da baƙin ciki, watau abin da za a yi ƙoƙon da shi. Ya zaɓi robar nan da ake kira Teflon, irin wadda ake shafa wa cikin kaskon suya don kada abinci ya kama. Ba a san abin da ya fi ta sulɓi ba a lokacin. Da fari abin kamar sihiri. Mutanen da suka yi shekaru a kwance suka tashi suna tafiya, labari ya bazu, cikin 1961 ya bayyana sabon aikin a mujallar likitoci ta Lancet. Ya yi wa mutum wajen 300.

Sa'an nan suka fara komowa ɗaya bayan ɗaya. Hoton ƙashi ya nuna ƙwallon ƙarfen yana haƙa rami a cikin robar, wasu cikin shekara guda ko biyu ya kusa huda ta. Mafi muni, garin robar da ke zuba yana tayar da wani irin kumburi mai kama da cuku, wanda ke cinye ƙashin da ke kewaye. Jama'a, a duba wannan hali. Mutum 300 da suka amince da shi, kowanne yana yawo da abin da ke cin ƙashinsa, kuma shi ne ya sa musu. Waɗanda suka zauna da shi sun ba da labarin yadda barci ya gagare shi a waɗannan watanni. Bai ɓoye ba, bai kuma tura su ga wani ba. Ya riƙa kiransu yana sake buɗewa yana cire robar, aikin da ya fi na farko wuya nesa ba kusa ba. An ce ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare, ni kam a nan na fi ganin girman mutumin fiye da duk lambobin girman da aka ba shi daga baya. Amma kuma kada mu manta, waɗanda suka biya kuɗin wannan darasi da jikinsu su ne majiyyatan, kuma a dokokin gwajin magani na yau ba za a bar likita ya kai ga mutum 300 da abin da ba a daɗe ana gwadawa ba.

Mafita ta zo ta hanyar da ba a zata ba. Cikin 1962 wani ɗan talla ya zo asibitin yana tallar kayan inji da aka yi da wata sabuwar roba mai tauri ta Jamus, wadda masaƙu ke amfani da ita, ana kiranta foliyetilin. Injiniyan da ke aiki da Charnley, Harry Craven, ya karɓi guntu ya kai masa. Charnley ya danna mata farce, ya ga ta loɓa, ya nuna ɓata lokaci ne. Craven bai ji ba. Maigidan na yin tafiya zuwa wani taro, sai ya ɗora robar a kan injin gwajin da ya ƙera, ya bar shi yana gugarta dare da rana. Bayan mako uku ba ta cinye ko kwatankwacin abin da Teflon ke cinyewa a kwana ɗaya ba. Ya kamata a riƙa ambaton sunan Craven duk inda aka ambaci na Charnley, domin da ya bi umarni, da labarin ya zama wani.

Wannan karon Charnley ya yi taka-tsantsan. A watan Nuwamba na 1962 ya sa wa majiyyaci ƙoƙon farko na sabuwar robar. Don ya tabbatar da yadda jiki ke karɓarta, ya koma ga tsohon halinsa, ya cusa garin Teflon da na sabuwar robar a ƙarƙashin fatar cinyarsa. Bayan watanni, wurin Teflon ya yi ƙulli, ɗayan kuwa lafiya lau, ya rubuta wa Lancet cikin 1963 yana gargaɗin likitoci su guji Teflon. Ya yi shekaru yana bin majiyyatan kafin ya yarda aikin ya bazu. Kamfanin Thackray na Leeds da ke ƙera masa kayan, ya hana su sayar wa kowane likita sai wanda ya zo Wrightington ya koya. Wasu sun ga girman kai ne. Shi kuwa ya riga ya ga abin da gaggawa ke haifarwa. Haka nan a shekarun farko tsofaffi ya fi yi wa aikin, yana gudun matasa, don ya san mai ƙarfi a jika zai cinye robar da wuri.

Saura abokin gaba guda, ƙwayoyin cuta. In suka sauka a kan ƙarfe da siminti a cikin jiki, jini ba ya kai musu magani yadda ya kamata, sau da yawa sai an cire kome. Cikin 1960 wajen mutum 7 cikin 100 na waɗanda ya yi wa aiki haka ta same su. Ya gane cewa ƙwayoyin daga iskar ɗakin fiɗa suke, mafi yawa kuma daga fatar likitoci da nas-nas ɗin kansu. Sai ya gina wani ɗan ɗaki a cikin ɗakin, inda tatacciyar iska ke saukowa daga sama tana kore ƙura. Wanda ya taimake shi gyara shi, Hugh Howorth, kamfaninsu ya saba tace iska ne domin masana'antu, har da na giya. Bayan wannan ya fito da riga mai rufe likita tun daga kai, da bututun da ke janye numfashinsa waje. Kafin 1970 ta wuce, masu kamuwa sun koma ƙasa da 1 cikin 100. A nan ma akwai inda ya yi tauri, domin bai ba da muhimmanci ga bai wa majiyyaci maganin kashe ƙwayoyin cuta kafin fiɗa ba, alhali wani babban bincike da aka yi a Ingila, wanda ya fito cikin 1982, ya nuna maganin na da amfani ƙwarai, kuma haɗa shi da tatacciyar iska ya fi.

Wani abin da ya yi, wanda zai ba masu karatu mamaki, shi ne roƙon majiyyatansa su yi wasiyya cewa in sun mutu a mayar masa da kwatangwalon. Da yawa sun yarda. In labarin mutuwa ya zo, sai a tashi ma'aikaci ya je ya karɓo, a yanka ƙashin siriri-siriri a duba da madubin likita yadda siminti da ƙashi suka zauna da juna bayan shekaru. Abin da ya tara ta wannan hanya da bin majiyyata shekara da shekaru shi ya zuba a babban littafinsa na 1979.

Girma ya biyo baya. Amurka ta ba shi lambar Lasker cikin 1974, aka zaɓe shi cikin babbar ƙungiyar masanan kimiyya ta Ingila cikin 1975, Sarauniya ta ba shi sarautar Sir cikin 1977. Bai daina aiki ba har ciwon zuciya ya ɗauke shi ran 5 ga Agusta, 1982, saura 'yan makonni ya cika shekara 71.

Bayan mutuwarsa an canja abubuwa da dama. Ƙaramin ƙwallon nasa yana da aibin saurin gocewa daga ƙoƙo, da aka sami robar da ta fi jure guga a ƙarshen shekarun 1990 sai likitoci suka koma milimita 32 ko 36. An fito da sandar da ƙashi ke kamawa da kansa ba siminti, da ƙwallon tangaran. An kuma gane cewa ko garin foliyetilin ɗin, in ya taru shekara da shekaru, yakan sa ƙashi ya zaizaye. Wasu sun sake komawa ga ƙarfe a kan ƙarfe, abin da shi bai yarda da shi ba, har sai da aka janye wani irinsa daga kasuwa cikin 2010 saboda illar garin ƙarfen. Amma tushen yana nan yadda ya bar shi, ƙwallo mai tauri a cikin ƙoƙon roba mai sulɓi. Fiye da mutum miliyan ɗaya ake yi wa aikin kowace shekara a duniya, wani bincike na 2019 kuma ya nuna wajen 58 cikin 100 na irin waɗannan gaɓoɓi suna kai shekara 25 ba a sake taɓa su ba.

A ƙasarmu akwai wani dalilin da ya sa aikin nan ya shafe mu fiye da Ingila. Majiyyatan Charnley yawancinsu tsofaffi ne, namu kuwa da yawa matasa ne, saboda ciwon sikila, wanda Nijeriya ta fi kowace ƙasa yawan masu shi. Jinin da ke ciyar da ƙwallon cinya ta wasu 'yan siraran jijiyoyi yake bi a jikin wuyan ƙashin. In jinin mai sikila ya toshe su, sai ƙwallon ya mutu a hankali, ya loɓa kamar ruɓaɓɓen lemo, saurayi ɗan shekara 20 ya koma tafiyar tsoho. Yawan shan giya da shan magungunan nan na sa ƙiba ko na ciwon jiki masu sitiroyid ba da izinin likita ba su ma suna jawo haka. Mai sikilar da ya fara jin ciwo a matse-matsi, ko yaron da ya fara ɗingishi yana kukan gwiwa alhali gwiwar lafiya take, a kai su a ɗauki hoton kwatangwalo da wuri, domin kafin ƙwallon ya loɓa akwai abin da likita zai iya yi.

Waɗannan jijiyoyin jini su ne kuma dalilin da ya sa tsohon da ya faɗi a banɗaki ya kasa tashi, ƙafarsa ta gajarce ta juya waje, ba na maɗori ba ne. Karayar can cikin gaɓa take, inda karan ɗori ba ya kaiwa, kuma sau da yawa ta riga ta yanke wa ƙwallon jini, sai dai a sauya shi. Haka wanda kwatangwalonsa ya goce a haɗarin mota, ana so a mayar da shi cikin awa shida, in an daɗe ƙwallon na iya mutuwa. Wanda kuwa nasa ciwon na cinyewar guringuntsi ne bai kai ga fiɗa ba, rage ƙiba da tafiya daidai gwargwado suna taimako, in kuma zai riƙe sanda, ya riƙe ta a hannun da ke ɗaya ɓangaren, ba ɓangaren da ke ciwo ba, don ta haka ne take rage wa naman gefen ƙugu jan da muka ambata tun farko. Wanda aka riga aka sauya masa gaɓa, likitoci kan hana shi tsugunno da zaman harɗe da kujera 'yar tsugunno a makonnin farko, har naman da ke kewaye ya warke ya riƙe ƙwallon a ƙoƙonsa.